Zalika Souley: Jarumar Da Ta Riga Kannywood Da Shekara 24, Amma Suna Bai Rufa Mata Asiri Ba



Duk lokacin da aka ɗauko hirar tsofaffin jarumai mata, yawancinmu hankalinmu kan tafi wajen marigayiya Hauwa Ali Dodo, wadda aka fi sani da Biba Problem, ko marigayiya Hauwa Maina, ko Hajiya Saratu Gidado Daso. Masu son fim ɗin Indiya kuma su ce Nargis ko Hema Malini. To amma akwai wata mace da ta tsaya gaban kyamara tun 1966, shekara 24 kafin ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a Kano a 1990. Sunanta Zalika Souley, Bazabarmiya ce daga Yamai, babban birnin Nijar.

Mu mutanen ƙasar Yawuri bai kamata sunan nan ya zama baƙo a kunnenmu ba. Kogin Kwara da ya ratsa Yamai shi ne ya gangaro ta Gaya, ya shigo jihar Kebbi, ya biyo ta Shanga, ya iso Yelwa, ya baje a tafkin Kainji ta wajen Ngaski. Ruwa ɗaya muke sha da mutanenta, kuma Zabarmawa ba baƙinmu ba ne a kasuwa ko a bakin ruwa. Amma ba zumuncin kogi kaɗai ya sa ya kamata ku san labarinta ba. Abin da ya same ta shi ne ke samun 'yan fim mata har gobe: mutane sun ɗora mata laifin rawar da ta taka, sannan da kasuwa ta watse aka bar ta da hannu biyu.

Yadda Nijar ta tsinci kanta a harkar fim

An haifi Zalika a Yamai a 1947, lokacin Nijar na ƙarƙashin mulkin Faransa. Tana da shekara 12 da 'yan watanni ƙasar ta samu 'yanci, ranar 3 ga Agusta 1960. A wancan zamanin gidajen silima na garin fina-finan waje suke haskawa, musamman na kaboyi, wato irin na Amurka mai dawaki da bindiga da faffaɗar hula. Samari sun kamu da son su sosai, kamar dai yadda iyayenmu a Kano da Sakkwato suka kamu da son na Indiya.

Abin da ya bambanta Nijar shi ne wani Bafaranshe mai ɗaukar fim, Jean Rouch, wanda ya daɗe yana aiki a bakin Kwara. Ta hannunsa wasu matasa suka fara taɓa kyamara. Biyu daga cikinsu su ne suka zama ginshiƙan fim a ƙasar.

Na farko Moustapha Alassane, wanda aka haifa a 1942. Gwanin zane ne, yana cikin mutanen farko da suka yi fim ɗin zane mai motsi a Afirka ta Yamma. Na biyu Oumarou Ganda, haifaffen 1935. Shi tsohon sojan Faransa ne da aka kai yaƙin Indocina, can wajen Biyetnam. Da ya dawo bai samu aiki ba, ya tafi Abijan yana dako a tashar jiragen ruwa. A can Rouch ya same shi ya sa shi a fim ɗin Moi, un noir na 1958, daga nan ya komo gida ya zama darakta.

Waɗannan mutane suna da labari, suna da kyamara, amma suna da babbar matsala: wace mace za ta yarda a ɗauke ta a haska a bango kowa ya gani? A lokacin ko zuwa kallon silima abin magana ne ga 'ya mace, balle fitowa a ciki. Zalika ce ta yarda.

Sarauniya Christine da wando da bindiga

Fim ɗinta na farko shi ne Le Retour d'un aventurier na Moustapha Alassane, a 1966, tana 'yar shekara 19 ko ƙasa da haka kaɗan. Ma'anar sunan ita ce dawowar ɗan yawon duniya. Gajeren fim ne, bai fi rabin awa da 'yan mintoci ba, amma ana lissafa shi a matsayin fim ɗin kaboyi na farko da Afirka ta yi da kanta.

Labarin wani saurayi ne, Jimmy, da ya dawo daga Amurka da tsarabar kayan kaboyi ga abokansa. Kowa ya sa nasa, ya sauya suna, suka hau dawaki suka shiga addabar ƙauyensu da faɗa da sata, har abin ya kai ga dattawa sun rasa yadda za su yi da 'ya'yansu. Mace ɗaya ce tak a cikin gungun, ana kiranta Sarauniya Christine, kuma Zalika ce ta fito a matsayin.

Ku lura da wani abu. Fim ɗin ba tallan kaboyi yake yi ba. Shaguɓe ne ga matasan da ke kwaikwayon duk abin da suka gani a silima har su manta da gidansu. Wato dai irin faɗakarwar da malamai da iyaye ke yi. Amma mutanen gari da yawa ba saƙon suka riƙe ba. Abin da suka riƙe shi ne sun ga 'yar Musulmi da wando, da hula, a kan doki, cikin maza. Daga nan aka fara yi mata kallon wadda ta fi ƙarfin gidansu.

A wannan shekara ta 1966 ne kuma Ousmane Sembène na Senegal ya fitar da La Noire de..., inda Mbissine Thérèse Diop ta fito. Su biyun suna cikin matan farko da suka buɗe wannan ƙofa a Afirka ta Yamma. Sai dai Zalika ta ci gaba da fitowa fim bayan fim har ya zama sana'arta, shi ya sa ake yawan kiranta mace ta farko da ta riƙi wasan fim sana'a a yankinmu.

Zamanin Oumarou Ganda

Sunanta ya fi fitowa ne a fina-finan Oumarou Ganda. Na farko shi ne Cabascabo na 1968, shekarar da aka kammala madatsar ruwa ta Kainji a nan wajenmu. Labarin tsohon soja ne da ya dawo daga Indocina da kuɗin sallama. Abokai da maroƙa da mata suka yi masa caa, kuɗi suka ƙare, kowa ya watse. Ƙarshenta dai ya koma neman abinci da guminsa. Zalika ta fito a matsayin mace mai zaman kanta da ke cikin waɗanda suka ci kuɗin. An nuna fim ɗin a bikin Cannes na Faransa a 1969, kuma ya samu kyauta a bikin fina-finai na Mosko a shekarar.

Sai kuma Le Wazzou polygame, wanda in kun kalle shi za ku rantse labarin Kannywood ne. Wani Alhaji ya dawo daga Makka, yana da mata biyu, sai ya ƙyalla ido ya ga wata yarinya, Satou, wadda tuni an yi wa wani saurayi, Garba, alkawarinta. Kuɗi da matsayi suka yi aiki, iyaye suka ba Alhaji. Matarsa ta biyu ta ce ba za ta saɓu ba. Kishi ya kai ta ga shirya kashe amarya a daren biki, amma aka yi kuskure, ƙawar amarya ce ta mutu. Zalika ce kishiyar nan.

Wannan fim ya kafa tarihi. A 1972, da bikin FESPACO na Wagadugu ya fara ba da babbar kyautarsa, wato Ingarman Yennenga, Le Wazzou polygame ne ya fara ɗaukarta. Har yau wannan kyauta ita ce ake ji da ita a fina-finan Afirka, kuma duk wanda ya duba jerin waɗanda suka ci, Nijar zai gani a layin farko.

A 1972 ɗin ta fito a FVVA na Moustapha Alassane. Haruffan huɗu na nufin mace, gida, mota da kuɗi a Faransanci, wato burin ƙaramin ma'aikaci da ke son ya yi rayuwar da albashinsa bai kai ba. Ta kuma fito a Saïtane na Ganda, wato Shaiɗan, labarin wani malamin tsibbu da ke yin kawalci tsakanin matar aure da wani mai kuɗi. Daga baya ta fito a L'Exilé na 1980, wanda shi ne fim ɗin Ganda na ƙarshe.

Laifin rawa ya koma kan mai rawa

Yanzu ku jera matsayin da aka riƙa ba ta: 'yar daba a kan doki, karuwa, kishiya mai kisa, macen da ba ta riƙe amanar aure. Me ya sa kullum ita? Dalili a fili yake. Daraktocin nan fina-finan gyara kayanka suke yi. Suna sukar almubazzaranci, da auren dole, da malaman ƙarya, da son abin duniya. Ba yadda za a yi ka nuna illar mugun hali ba tare da wani ya taka mugun ba. Matan da za su yarda su fito ma kaɗan ne, waɗanda za su yarda su fito a mummunan matsayi kuwa sun fi kaɗan. Zalika na da ƙarfin hali kuma ta iya, sai nauyin ya taru a kanta.

Darakta ya hau dandamali ya karɓi kyauta a matsayin mai faɗakarwa. Ita kuwa ita ce fuskar da ake gani a kasuwa da unguwa. Jama'a da yawa a lokacin ba su saba da bambanta wasa da gaske ba, sai suka ɗauka abin da take yi a fim shi ne halinta. Ta sha zagi da tsangwama a garin da aka haife ta, a daidai lokacin da ake gayyatarta bukukuwan fim a ƙasashen waje tana wakiltar Nijar ana tafa mata.

Kar mu yi saurin yi wa mutanen da dariya, wai ba su waye ba. Mu da muke da waya a hannu fa? Marigayiya Daso, wadda ta rasu a Afrilun 2024, ta yi suna ne da fitowa a muguwar uwar miji ko kishiya mai makirci, kuma sai bayan rasuwarta wasu suka fara jin shaidar kirkinta daga bakin abokan aikinta. Ku shiga Facebook ko TikTok ku duba abin da ake rubuta wa jarumar da ta fito a muguwa a fim mai dogon zango. Tsinuwa ce zalla da sunanta na gaskiya, kai ka ce ita ta rubuta labarin. Alhali in har ka ji haushinta, to ta iya aikinta ke nan.

Ina kuɗin suka tafi?

Tambayar da kowa zai yi ita ce: macen da ta fito a fim ɗin da ya ci babbar kyautar Afirka, yaya aka yi ta ƙare cikin rashi? Amsar tana cikin yadda harkar take tun daga tushe.

Na ɗaya, fina-finan ba kasuwa ce ta haife su ba. Da tallafi ake yin su, galibi daga hukumomin Faransa, kuma a can ake kai su a wanke a haɗa. In tallafi ya zo a yi fim, in bai zo ba a zauna.

Na biyu, gidajen silima ba a hannun masu yin fim suke ba. A ƙasashen da Faransa ta mallaka, kamfanoni biyu na Turawa, COMACICO da SECMA, su ne suka daɗe suna riƙe da rarraba fina-finai. Ya fi musu riba su kawo tsohon fim ɗin Amurka ko Indiya da arha a kan su haska na gida. Saboda haka fim zai iya zagaya bukukuwan duniya amma bai dawo da kuɗin kirki ba.

Na uku, ɗan wasa sau ɗaya ake sallamarsa. Babu wani kaso da ke biyo baya in an sake nuna fim, babu fansho, babu asusun jinya.

Sai kuma abubuwa suka haɗu suka rufto. Oumarou Ganda ya rasu ranar 1 ga Janairun 1981 yana da shekara 45. Farashin yuraniyom, wanda Nijar ta dogara da shi, ya faɗi a shekarun 1980, gwamnati ta tsuke bakin aljihu. Bidiyo ya shigo gidaje, gidajen silima suka riƙa rufewa ɗaya bayan ɗaya. A Janairun 1994 kuma aka karya darajar sefa da rabi. Masana'antar da ta fara da ƙarfinta ta koma sai a daɗe ba a yi fim ko ɗaya ba. Darakta na iya komawa wata sana'ar ko ya nemi tallafi a waje. 'Yar wasan da jarinta fuskarta ce da sunanta, kuma sunan an riga an ɓata shi a gari, ina za ta nufa?

Fim ɗin da ya tono labarin

Da ba don wata 'yar jarida kuma darakta 'yar Nijar, Rahmatou Keïta ba, da wataƙila labarin ya bi ruwa. Ita ce ta yi fim a kan rayuwar Zalika mai suna Al'lèèssi... une actrice africaine, wanda ya fito a 2004, aka kuma nuna shi a Cannes a 2005. Kalmar Al'lèèssi na nufin ƙaddara.

A ciki an ga tsohuwar tauraruwar tana zaune da 'ya'yanta huɗu a gida mai ɗaki biyu a Yamai, cikin ƙuncin rayuwa, tana ba da labarin zamanin da ake rububinta. An kuma ji ta bakin tsofaffin abokan aikinta, irin su Moustapha Alassane. Fim ɗin ya rufe da bayanin cewa ta bar ƙasar ta tafi waje tana aikatau a gidajen mutane. Ku tsaya ku auna wannan: macen da ta wakilci ƙasarta a bukukuwan duniya ta koma share gidan wasu don ta ciyar da 'ya'yanta. Aikatau ba abin kunya ba ne, neman halak ne. Abin kunyar yana kan masana'anta da hukumomin da suka ci moriyar ganga suka yar da kwaurenta.

Zalika Souley ta rasu a Yamai ranar 27 ga Yulin 2021, tana da shekara 73.

Abin da ya shafe mu

Wani zai ce ai wannan Nijar ce, kuma zamanin da ne. To ku tuna abin da ya faru a 2022, lokacin da dattijuwa Ladin Cima, wadda ta shafe shekaru tana wasa tun zamanin wasannin talabijin, ta yi hira da BBC Hausa ta faɗi irin ɗan abin da ake ba ta in ta yi fim da halin da take ciki. Kannywood ta ɗauki zafi, furodusoshi na kare kansu, wasu na goyon bayanta. Ko wane ɓangare ka ɗauka, tambayar ita ce dai wadda rayuwar Zalika ta bari: in tsufa ya zo, ko kasuwa ta juya, me ɗan wasa zai dafa?

Kuma kasuwa tana juyawa. Kannywood ta tashi daga kaset ta koma faifan CD, CD ya mutu aka koma YouTube da fina-finai masu dogon zango. Kowane sauyi akwai waɗanda yake bari a baya, kuma sau da yawa mata ne, domin su ne ake cewa su bar fim in sun yi aure, su ne kuma ake daina kira in shekaru sun ja.

Ga ƙannenmu mata da maza da ke ɗaukar 'yan gajerun bidiyo a Yelwa da kewaye, masu burin wata rana a gan su a babban fim, ga abin da za ku ɗauka. Ku san nawa za a biya ku kafin a kunna kyamara, kuma a rubuta a takarda. Ku riƙe wata sana'a ko karatu a gefe, domin suna ba ya biyan kuɗin asibiti. Ku karanta rawar da aka ba ku da kyau, ku yi shawara da na gaba, tunda a garinmu abin da aka gani a fim yakan bi mutum har gida. Sannan ku adana aikinku. Fina-finan su Zalika sun rayu ne saboda an ajiye su a ma'adanai a waje, alhali da yawa daga fina-finan Hausa na shekarun 1990 yau ko da kuɗinka da wuya ka samu kwafi mai kyau.

Mu kuma 'yan kallo namu ya fi sauƙi. Mu daina zagin mutum saboda rawar da aka ba shi. In fim ya saɓa wa tarbiyya, a yi magana a kan fim ɗin da waɗanda suka shirya shi, cikin ladabi. Mu kalli aiki ta hanyar da mai shi zai amfana, ba ta hannun masu satar fasaha ba. In kuma an ce wani tsohon ɗan wasa na kwance ba lafiya, kar mu jira sai ya rasu mu cika waya da hotonsa.

In kun samu dama ku nemi Le Wazzou polygame ko Al'lèèssi ku kalla. Ko ba ku jin Zabarmanci ko Faransanci, za ku gane gidajen, da tufafin, da kishin, da Alhajin, domin duk irin namu ne.

Allah Ya jiƙan Zalika Souley, da Hauwa Ali Dodo, da Hauwa Maina, da Daso, da sauran waɗanda suka riga mu gidan gaskiya. Ya yafe musu kurakuransu, Ya sa mu cika da imani. Amin.